Masu cewa Amurka ta kwashe sojojinta, gwamnati kuma ta fita daga kasuwa: suna da gaskiya?

Bala_TudunWada:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Akwai abin da ya daɗe yana yi min yawo a ka. A Amurka akwai wasu da ake kira 'yan libateriyan, masu ra'ayin a rage wa gwamnati ƙarfi, a sakar wa mutane mara. Fitaccensu shi ne Ron Paul, likitan mata da ya daɗe yana wakiltar wani yanki na Texas a majalisar wakilai kafin ya bar ta a 2013. Abu biyu suke nanatawa. Na ɗaya, Amurka ta kwashe sojojinta daga ƙasashen mutane. Na biyu, gwamnati ta tsame hannunta daga kasuwa: ba tallafi, ba ceton bankuna, ba ƙayyade farashi. Na farkon ya kwanta min a rai, na biyun ne nake tababa. Su kuma sun dage wai ba a raba su, tushensu ɗaya. To masana, da gaske ne? Ko mutum zai iya ɗaukar ɗaya ya bar ɗaya?

Malam_Tattali:
Wa alaikumus salam Malam Bala. Hujjarsu tana farawa ne daga tambaya guda: wa zai biya kuɗin yaƙin? Da a ce duk shugaban da zai tura soja sai ya fito ya ce wa jama'a daga wata mai zuwa an ƙara haraji kaza saboda Iraƙi, da yaƙin bai kai shekara ba. Amma ba haka ake yi ba. Bush ya shiga Afganistan a 2001, ya shiga Iraƙi a Maris 2003, kuma a shekarun nan biyu rage haraji ma ya yi. Da bashi aka yi yaƙin. Bashin kuma yana yin sauƙi ne saboda akwai Babban Bankin Amurka, wanda aka kafa a 1913, da ke iya sauke kuɗin ruwa ya kuma sayi takardun bashin gwamnati da kuɗin da shi ya ƙirƙira. Talaka ba ya ganin takardar haraji, sai dai ya ga albashinsa ya daina kai shi ƙarshen wata. Bankin nan dai shi ne aka yi amfani da shi wajen tallafar manyan bankuna a 2008. Shi ya sa suke cewa idan ka karɓe wa gwamnati ikon ƙirƙirar kuɗi, ka rage mata yaƙi da ceton attajirai a lokaci guda.

Akwai hujja ta biyu. Duk ikon da gwamnati ta karɓa da sunan yaƙi, da wuya ta mayar bayan an gama. Cire haraji daga albashi tun kafin ya shigo hannun ma'aikaci, a 1943 aka kafa shi a Amurka saboda yaƙin duniya na biyu, har yau yana nan. Dokar Patriot ta 2001 ta buɗe wa hukumomi ƙofar leƙen asirin 'yan ƙasa. A majalisar wakilai 'yan Rifablikan uku ne kacal suka ƙi ta, Ron Paul na ciki.

Ummu_Hanan:
Malam_Tattali Allah ya ƙara ilimi. Wato dai su ba tausayin mutanen Iraƙi suke ji ba, aljihunsu suke ji.

DanTexas:
Hajiya, akwai na aljihu akwai na tausayi, amma shi dattijon ba za a ce aljihu kaɗai ba ne. Ina nan Houston lokacin takararsa ta shugaban ƙasa a 2012. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne waɗanda ke bin sa. Wani maƙwabcina, saurayi ne da ya yi aikin soja a Iraƙi, kunnensa ɗaya ba ya ji sosai, sai ka koma ta ɗaya gefen kafin ku yi magana. Ya manna sunan Ron Paul a bayan a-kori-kurarsa, ya kafa allo a ƙofar gida. Ya ce min shi kaɗai ne ɗan takarar da ba zai sake mayar da ƙannensa can ba. Kuma an ruwaito a lokacin cewa ya fi sauran 'yan takarar Rifablikan samun gudummawa daga sojoji.

Ku nemi muhawarar Mayu 2007 a South Carolina. Ya tsaya gaban 'yan jam'iyyarsa ya ce harin 11 ga Satumba bai rasa nasaba da abin da Amurka ta daɗe tana yi a Gabas ta Tsakiya ba. Giuliani, tsohon magajin garin New York da shi ma ke takara, ya taso masa ya ce ya janye, zauren ya ɗau tafi. Bai janye ba, har ya kawo misalin yadda hukumar leƙen asirin Amurka, CIA, ta taimaka aka kifar da firaministan Iran Mossadegh a 1953, abin ya dawo musu a 1979.

Sarkin_Gardama:
Kada ku mayar da shi waliyyi. Izinin yaƙin da majalisa ta ba Bush a Satumba 2001, wanda da shi aka shiga Afganistan, da ƙuri'ar Ron Paul a ciki. Mutum ɗaya ce ta ƙi a duk majalisar wakilai, Barbara Lee, baƙar fata 'yar Dimokuraɗiyya daga Kalifoniya, kuma ita mai son gwamnati ta kashe kuɗi kan talakawa ce. Wannan kaɗai ya amsa wa Bala tambayarsa. Ana rabawa.

DanTexas:
Gaskiya ne ya goyi bayan na 2001. Amma na Iraƙi a Oktoba 2002 ya ƙi, cikin 'yan Rifablikan shida kawai a majalisar.

Sarkin_Gardama:
Ban musa ba. Ƙara da wannan: takardun labarai da suka riƙa fita da sunansa a shekarun 1980 da 1990 ɗauke da kalaman cin mutuncin baƙar fata. Ya ce ba shi ya rubuta ba. To sunan wa ke sama? Sannan ya soki dokar 'yancin ɗan ƙasa ta 1964, wai gwamnati ba ta da hurumin tilasta wa mai shago ko mai otel wanda zai karɓa. Kai DanTexas, ba don wannan dokar ba, a wane gidan abinci za ka zauna a Houston?

DanTexas:
Yaya, a nan kam ba ni da ta cewa.

Aghali_Agadez:
Salamu alaikum. Ku kuna magana daga nesa, mu a bakin ƙofarmu aka yi. Sansanin jirage marasa matuƙa da Amurka ta gina kusa da garinmu ya ci sama da dala miliyan 100. Da dare daga cikin gari kana hango fitilunsa, alhali unguwarmu wuta tana zuwa tana ɗaukewa. Ba zan ce ba wanda ya amfana ba. Yara sun samu aikin leburanci, wasu wanki da shara, masu motocin ruwa da na tsakuwa sun samu kwangila. Amma tsaro? A shekarun da suke nan ne hare-hare suka yi ta ƙaruwa a Tillaberi. A Oktoba 2017 aka kashe sojojinsu huɗu a Tongo Tongo tare da namu. Abin dariya abin haushi, sai ga Sanata Lindsey Graham yana faɗa a talabijin cewa shi bai san Amurka na da sojoji kusan dubu a Nijar ba. Ɗan majalisar da ke cikin masu sa hannu a kasafin kuɗin soja ke nan.

A Maris 2024 mahukuntanmu suka soke yarjejeniyar soja da Amurka, kafin tsakiyar Satumba sun tattara sun tafi.

Malam_Tattali:
Malam Aghali ka taɓo inda suke fi ƙarfi. Ɗan Ron Paul, wato Sanata Rand Paul na Kentucky, ya kawo ƙudurin a janye sojojin nan daga Nijar a Oktoba 2023. Hujjarsa ita ce majalisa ba ta taɓa zama ta amince a kai su ba, an fake ne da tsofaffin izini. Ƙuri'a 11 ya samu, 86 suka ƙi. Bayan 'yan watanni sai ga shi an kore su. Shi ne kuma ya tsaya kusan awa 13 yana magana a majalisar dattawa a Maris 2013 kan kisa da jirage marasa matuƙa.

Hadiza_Zinder:
To Aghali, da suka tafi an samu lafiya? 'Yan Rasha sun sauka a Yamai tun Afrilu 2024, kafin ma Amurkawan su gama haɗa kaya. Ni abin da nake gani, idan wani ya tashi wani ne zai zauna. Masu wannan ra'ayin suna magana kamar Amurka ce kaɗai mai hannu a duniya.

Aghali_Agadez:
Malama Hadiza ban ce an samu lafiya ba. Cewa na yi zamansu bai kawo ta ba. Kuma ki tambayi kanki daga ina wutar ta taso. NATO ta yi wa Libiya ruwan bama-bamai a 2011, aka kashe Gaddafi a Oktoba, rumbunan makamai suka zama na kowa. Kafin shekara ta zagayo arewacin Mali ya faɗi. Mu da ke kan hanyar Dirkou mun ga abin da ya riƙa wucewa. Obama bai nemi izinin majalisarsa ba, daga baya ma da bakinsa ya ce rashin shirin abin da zai biyo baya a Libiya shi ne babban kuskurensa. Su suka kunna, sannan suka dawo da sansani wai za su taya mu kashewa.

Sarkin_Gardama:
Kada a manta Najeriya na kwamitin sulhu a lokacin, kuma ta ɗaga hannu ta amince da ƙudurin Libiya, ita da Afirka ta Kudu da Gabon.

Kanal_Mai_Ritaya:
'Ya'yana, ku bar ni in sa baki. Na sa kaki, na san abin da ake nufi da a tura ka ƙasar da ba taka ba. Mai cewa kada soja ya taɓa ƙetare iyaka, ya je ya faɗa wa mutanen Saliyo. Ba don ECOMOG, rundunar ƙasashen Afirka ta Yamma, ba, da Tejan Kabbah bai koma Freetown a 1998 ba. Laberiya ma tun 1990 muke can. Mun rasa yara, an kashe dukiya mai yawa, wasu abubuwan da aka yi ba na alfahari ba ne. Amma ku dubi Ruwanda a 1994. Duniya ta naɗe hannu, Amurka ta ƙi motsi saboda abin da ya same ta a Mogadishu a 1993, cikin kwana ɗari aka kashe mutum wajen dubu ɗari takwas. Wannan ma rashin shisshigi ne. Ina so mai wannan aƙida ya gaya min me zai ce wa wanda ya tsira daga can.

Malam_Tattali:
Ranka ya daɗe, wannan ce tambayar da ta fi yi musu nauyi. Amsar da suke bayarwa ita ce, ikon da ka ba gwamnati don ta hana irin na Ruwanda, shi za ta ɗauka ta yi irin na Iraƙi, kuma a lissafi irin na Iraƙin sun fi yawa. Masu bincike a Jami'ar Brown sun ƙiyasta a 2021 cewa yaƙe-yaƙen bayan 11 ga Satumba sun laƙume wajen dala tiriliyan 8 idan aka haɗa da kula da tsofaffin sojoji nan gaba. Shekara 20 a Afganistan, Taliban ta koma Kabul a Agusta 2021 tun kafin jirgin ƙarshe ya tashi. Kuma ba farar hula ne ya fara gargaɗin ba. Janar Eisenhower ne, a jawabinsa na bankwana da shugabancin Amurka a Janairu 1961, ya ja kunnen Amurkawa kan haɗin bakin rundunar soja da kamfanonin ƙera makamai.

Kanal_Mai_Ritaya:
Eisenhower kam ya san abin da yake faɗa. Amma shi bai ce a rushe NATO ba, shi ne ma kwamandanta na farko.

Bala_TudunWada:
Na gode muku, amma mun karkata wajen yaƙi. Ɓangaren kasuwar fa? Nan ne matsalata.

Alhaji_Kwari:
To bari ɗan kasuwa ya yi magana. Ni ban san Ron Paul ba, amma na san abin da hannun hukuma ke yi a kasuwa. Da aka rufe iyakoki a Agusta 2019 wai don a bunƙasa noman shinkafa, shinkafar waje ba ta daina shigowa ba. Ta koma bin daji a kan babura, buhu uku huɗu an ɗaure da roba, kowane shinge a ajiye wani abu, kuɗin kuma a kan mai saye yake ƙarewa. Mai ƙaramin jari ya mutu, mai ƙafa a sama ya yi kuɗi. Sai canjin kuɗi a farkon 2023. Na ga dattijo ya kawo akuya kasuwa, ga masu so, ba mai tsabar kuɗi a hannu, shi kuma ba shi da asusun banki. Haka ya ja abarsa ya koma. Duk wanda ya ce a taƙaita wa gwamnati hannu, ina bayansa.

Ummu_Hanan:
Alhaji, to ai janye hannun aka yi ranar 29 ga Mayu 2023 da aka ce tallafin mai ya tafi. Ka ji daɗi? Mu masu cefane mun san yadda muka kwana. Kafin nan iyayenmu sun sha SAP, shirin tsuke bakin aljihun gwamnati, a 1986. Kullum aka ce gwamnati ta janye, daga kan talaka take fara janyewa.

Alhaji_Kwari:
Hajiya wallahi ban ji daɗi ba. Amma an cire wa talaka nasa, an bar wa manya nasu. Wannan ba janyewa ba ce.

Malam_Tattali:
Abin da Alhaji ya faɗa shi ne ainihin ƙorafinsu kan 2008. Bankunan Amurka sun yi ta ba da lamunin gidaje ga waɗanda ba za su iya biya ba, suna ƙunshe basussukan suna sayarwa. Bankin Lehman Brothers ya durƙushe ranar 15 ga Satumba 2008. Gwamnatin Bush, wadda ke wa'azin kasuwa, ta nemi dala biliyan 700 don ceto. Majalisar wakilai ta ƙi a karon farko, bayan kwana huɗu ta amince. 'Yan libateriyan suka ce idan an ci riba ta masu banki ce, idan an faɗi ta kowa ce, to ina kasuwar take? Suna kuma ɗora laifin tun farko a kan Babban Banki da ya sauke kuɗin ruwa zuwa kashi 1 a 2003.

Ga wani misalin da ya shafe mu. Tallafin da Amurka ke ba manoman audugarta ya daɗe yana karya farashi a duniya. A 2003 Benin da Burkina Faso da Chadi da Mali suka kai kuka taron ƙungiyar ciniki ta duniya a Cancun. Brazil ta kai ƙara ta yi nasara. Maimakon Amurka ta daina, sai ta koma biyan Brazil kusan dala miliyan 147 duk shekara na 'yan shekaru daga 2010. Chadi kuwa ba a biya ta irin wannan kuɗin ba. 'Yan libateriyan na cikin masu yaƙi da wannan tallafin tun da daɗewa.

Injiniya_Sadiq:
Malam, a faɗi ɗaya gefen. Manyan bankunan sun mayar da kuɗin ceton har da riba. Kuma an gwada barin bankuna su mutu a farkon shekarun 1930, dubbai suka rufe, rashin aiki ya kai kusan kashi 25. Intanet ɗin da muke gardama a kai daga ma'aikatar tsaron Amurka ya samo asali a 1969. Koriya ta Kudu kuma fa? Gwamnatin Park Chung-hee ce ta zaɓi masana'antu ta tura musu bashi, ga sojojin Amurka jibge a ƙasar, har yanzu akwai wajen 28,000. Abu biyun da aka ce suna kashe ƙasa duk ta haɗa, ga ta nan tana sayar mana da waya da mota.

Alhaji_Kwari:
Injiniya, mu ma an zaɓi masana'antu. Je ka Ajaokuta ka gani.

Injiniya_Sadiq:
Wannan matsalar wace irin gwamnati ce, ba matsalar gwamnati ba.

Almajirin_Malam:
Don Allah ku ba ni dama. Maganar ƙayyade farashi ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Ya zo a hadisin Anas, Allah ya yarda da shi, cewa kaya sun yi tsada a Madina, aka nemi Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yanka farashi, ya ƙi, ya ce Allah ne mai sa farashi. Ibn Khaldun ma ya yi bayanin cewa idan sarki ya shiga fatauci da noma yana cutar da talakawansa, harajinsa kuma ya ragu. Zuwa nan Alhaji zai ji daɗi. Amma Musulunci ya hana ɓoye abinci don ya yi tsada, ya kafa hisba a kasuwa, malamai da dama sun halatta wa shugaba ya sa farashi idan 'yan kasuwa sun haɗa baki. Zakka kuma ba ganin dama ba ce, Sayyidina Abubakar ya yaƙi waɗanda suka hana ta. Mai cewa duk abin da hukuma ta karɓa da tilas ƙwace ne, ba zai samu wurin zama a nan ba. Allah ne mafi sani.

Ummu_Hanan:
Jazakallahu khairan Malam. Ga wata kuma: Ron Paul ya ce a daina ba kowace ƙasa agaji, har Isra'ila. Wasunku za su yi tafi saboda Isra'ila. Amma agajin ya haɗa da maganin masu cutar ƙanjamau da Bush ya fara bayarwa a 2003, da gidan sauro, da abincin yara masu tamowa. Na yi aiki a asibitin karkara, na san layin da ake yi ranar rabon wannan abincin, uwa da goyo tun kafin a buɗe ƙofa.

DanTexas:
Su za su ce miki a bar mutane su bayar da kansu, kuma Amurkawa suna bayarwa sosai ta coci-coci da ƙungiyoyi.

Ummu_Hanan:
Su faɗa. Yaron da ke kan sikeli ba zai jira a gama tara taimako ba.

Sarkin_Gardama:
Bala, koma kan tambayarka. Dubi Milei na Ajantina, wanda ya hau mulki a Disamba 2023 yana kiran kansa ɗan libateriyan, yana yawon kamfe da zarto mai inji. Ya zaftare ma'aikatu da tallafi. Hauhawar farashi ta sauko daga kashi 211 a 2023 zuwa wajen 118 a 2024, talauci ya haura kashi 50 a farkon 2024 sannan ya sauko. Amma shi ne ya sayi jiragen yaƙi F-16 guda 24 daga Denmark, ya nemi ƙawance da NATO. Ya ɗauki rabi ya bar rabi. Ta ɗaya gefen, Bernie Sanders mai ra'ayin gurguzu-gurguzu ya haɗa kai da Sanata Mike Lee, ɗan Rifablikan mai son a rage wa gwamnati ƙarfi, suka tura ƙudurin janye hannun Amurka daga yaƙin Yemen, majalisa ta amince a 2019, Trump ya hau kujerar na-ƙi. A takarda ba sa rabuwa, a aikace kullum rabuwa suke.

Malam_Tattali:
Ana rabawa a ƙuri'a, na yarda. Amma ka lura da Agusta 1971. Kuɗin yaƙin Vietnam da na shirye-shiryen cikin gida sun sa dala ta yi yawa a hannun ƙasashe, suka fara kawo ta Amurka suna karɓar zinare a madadinta. Ranar 15 ga wata Shugaba Nixon ya rufe wannan ƙofa, kuma a jawabi ɗaya ya daskarar da farashi da albashi na kwana 90. Ron Paul ya sha faɗin cewa ranar ce ta sa shi shiga siyasa. Yaƙi a waje ya haifi ƙayyade farashi a gida, a dare ɗaya. Sanders zai iya ƙin yaƙi, amma injin da ke biyan kuɗin yaƙin yana so a bar shi a kunne don nasa ayyukan. Wanda zai gaji injin kuma ba lallai ya zama Sanders ba.

Injiniya_Sadiq:
To a kashe injin, ranar da annoba ta zo irin ta 2020 a biya mutane da me?

Kanal_Mai_Ritaya:
Ni dai har yanzu ba wanda ya ba ni amsar Ruwanda.

Bala_TudunWada:
Ranka ya daɗe, ni ma ita nake jira. Malam_Tattali, kafin ka amsa wa Baba Kanal, ina da ƙari: idan Babban Banki ne ke sauƙaƙa yaƙi, yaya aka yi Amurka ta yaƙi Meziko a 1846 da Sifaniya a 1898, ta karɓe Filifin, alhali ba a kafa bankin ba sai 1913?

Malam_Tattali:
Tambaya mai kyau. Yanzu zan shiga aji, in na fito zan ɗauke su ɗaya bayan ɗaya, ta Baba Kanal tukuna.

Hadiza_Zinder:
In ka dawo ka haɗa da tawa ta 'yan Rasha, ita ma an tsallake ta.